Yadda Takobi Ya Shiga Addinin Sikh: Daga Kisan Guru Arjan Zuwa Mayaƙan Khalsa

Wani ɗan'uwa mai sha'awar tarihi ya rubuto yana cewa ya karanta cewa Guru Nanak, wanda ya kafa addinin Sikh, mutum ne mai wa'azin ambaton Ubangiji da zaman lafiya, amma kuma yana ganin mabiyansa da rawani da wuƙa a ƙugu, suna alfahari da mayaƙa da waɗanda suke kira shahidai. Yana son ya san yadda aka yi wannan sauyi, da kuma ko gaskiya ne abin da wasu ke faɗa cewa addinin ya ginu ne a kan gaba da Musulmi.

Ɗan'uwa, takobi bai zo da Nanak ba. Ya shiga ne bayan mutuwarsa da kusan shekara 70, kuma sai da aka yi kusan wasu shekara 100 kafin ya zama wajibi a kan wanda ya ɗauki alkawarin Khalsa, wato ƙungiyar mayaƙan da Guru na goma ya kafa. Abin da ya jawo shi kuwa shi ne karo da hukuma, wato daular Mughal ta sarakunan Musulmi da ke mulkin Indiya da gwamnoninta na yankin Punjab, a lokacin da jama'ar Sikh ta yi girman da sarauta ba za ta iya kau da kai daga gare ta ba. Akwai addini a cikin wannan karo, ba zan ɓoye maka ba, amma wanda ya mayar da shi faɗan Sikh da Musulmi kawai zai rasa inda zai ajiye rabin abubuwan da suka faru.

An haifi Nanak a 1469 a Talwandi, garin da yanzu ake kira Nankana Sahib a Pakistan, ya kuma mutu a 1539 a Kartarpur, ƙauyen da ya kafa a bakin kogin Ravi. Abin da ya koyar shi ne Ubangiji ɗaya ne, a riƙa ambaton sunansa, mutum ya ci guminsa, ya kuma raba da wasu. Ya ga ɓarnar da rundunar Babur, wanda ya kafa daular Mughal, ta yi a garin Saidpur, ya yi waƙoƙi masu zafi a kan zaluncin da aka yi wa mata da talakawa, Hindu da Musulmi, amma bai tara mayaƙa ba. Magadansa uku na farko su ma ba su tara ba. Abin da suka tara shi ne jama'a da garuruwa da dukiya. Guru Amar Das ya mayar da Goindwal cibiyar ziyara, Guru Ram Das ya kafa garin da ya zama Amritsar, sannan Guru na biyar, Arjan, ya gina ɗakin ibada na Harmandir a tsakiyar tafki, ya kuma kammala haɗa littafinsu, Adi Granth, a 1604, wanda a cikinsa har da baitocin Shehu Farid, sufin Musulmi na Punjab. A zamaninsa akwai wakilai da ake kira masand, waɗanda ke karɓo ɗaya bisa goma na abin da mabiya suka samu suna kawo wa Guru. Manoman Jat sun yi ta shigowa, kuma mabiya sukan kira Guru da sunan "Sarkin Gaskiya". Sarkin Mughal Akbar bai damu da wannan ba. Da ya mutu a 1605, ɗansa Jahangir ya damu.

A 1606 Khusrau, ɗan Jahangir, ya yi wa mahaifinsa tawaye, ya gudu ta Punjab, ya kuma yada zango wurin Guru Arjan a Goindwal. Mun yi sa'a a nan domin Jahangir da kansa ya rubuta abin da ya faru a littafin tarihin rayuwarsa. Ya ce a bakin kogin Beas akwai wani Hindu mai suna Arjan da ya yi shigar waliyyai, ya ja hankalin Hindu masu sauƙin kai har da wasu Musulmi marasa ilimi, kuma an yi zuriya uku ko huɗu wannan kasuwa tana ci. Ya ce ya daɗe yana tunanin ko ya rufe ta ko ya shigar da mutumin Musulunci. Sai ya ji cewa Arjan ya shafa wa Khusrau alamar za'afaran a goshi, shi ne ya ba da umarni a ƙwace dukiyarsa, a damƙa ta ga wani jami'insa, Murtaza Khan, a kuma kashe shi. Ka ga dalilai biyu ne a sakin layi ɗaya, kuma daga bakin wanda ya yanke hukuncin: tsohon ƙulli a kan addini, da sabon laifi na siyasa wanda ya ba da dama. Ni a ganina ba a raba su. Da babu Khusrau da wuya a taɓa shi a wannan shekara, da kuma babu tsohon ƙullin da wataƙila tara kawai za a ci shi a sallame shi.

Guru Arjan ya mutu a tsare a Lahore a ranar 30 ga Mayu 1606. Ruwayar Sikh ta ce an zaunar da shi a kan kaskon ƙarfe da aka hura wa wuta, ana zuba masa rairayi mai zafi a ka cikin tsananin bazara, kafin ya shiga kogin Ravi ya cika a can. Jahangir bai bayyana irin azabar ba, amma wani limamin Kirista, Jerome Xavier, wanda yake Lahore a wannan shekara, ya rubuta wasiƙa yana ambaton cewa an gallaza masa har ya mutu. Shi ne shahidi na farko a wurinsu, kuma har yau a ranar tunawa da shi matasa kan kafa rumfuna a bakin titi a Punjab suna tare masu wucewa suna miƙa musu ruwan sanyi da aka haɗa da madara da sukari. Malaman Musulmi na lokacin ma bakinsu bai zo ɗaya ba: Shehu Ahmad Sirhindi na ɗariƙar Naƙshabandiyya ya rubuta wasiƙa yana murna da kisan, alhali Sikh suna girmama Mian Mir, shehin Ƙadiriyya na Lahore, a matsayin aminin Guru Arjan.

Ɗansa Hargobind yana da shekara 11 lokacin da ya gaje shi, kuma a nan ne sauyin ya fara. Ya rataya takuba biyu, ɗaya ana kiransa miri, alamar ikon duniya, ɗaya piri, alamar ikon ruhi. Ya gina Akal Takht daura da Harmandir, inda yake zama yana sauraron ƙara yana yanke hukunci kamar sarki, ya kuma aika wa mabiya cewa su riƙa kawo dawakai da makamai. Wani marubucin Farisanci na zamaninsa ya ce yana da dawakai 700 da mahaya 300 da 'yan bindiga 60. Ba kowa ne ya ji daɗi ba. Bhai Gurdas, babban malaminsu wanda ya rubuta Adi Granth da hannunsa, ya kawo ƙorafin masu cewa Guru na da suna zaune a ɗakin ibada, wannan kuwa yana yawo yana farauta da karnuka, kafin ya kare shi. Jahangir ya tsare Hargobind na wani lokaci a gidan yarin Gwalior, kuma ana cewa ya ƙi fita sai da aka saki sarakuna 52 da ke tsare tare da shi. A zamanin Shah Jahan, ɗan Jahangir, ne aka gwabza da sojojin hukuma, kuma in ka duba musabbabin waɗannan yaƙe-yaƙe za ka tarar da rigima a kan shahon farauta da dawakan da aka ƙwace. A yaƙin Kartarpur (wani gari daban da na Nanak) na 1635 wanda ya fito masa shi ne Painda Khan, Musulmi ɗan Pathan da ya tashi a hannunsa yana cikin manyan mayaƙansa. Shi dai wannan Guru ne ya gina wa Musulmin garin Hargobindpur masallaci, wanda har yau yana nan tsaye. Daga baya ya koma Kiratpur a gindin tsaunukan Shivalik, ya mutu a 1644.

Wasu masana, musamman W. H. McLeod, sun ce yawan manoman Jat, waɗanda da ma mutane ne masu riƙe makami, shi ya taimaka wajen karkatar da jama'ar zuwa wannan hanya. Malaman Sikh da yawa sun ƙi wannan bayani, suna cewa hukuncin Guru ne kuma tushensa yana cikin koyarwar Nanak a kan ƙin zalunci. Ba na ganin dole sai ɗaya ya kore ɗaya, domin Guru ya yanke shawara, ya kuma tarar da mutanen da za su iya zartar da ita.

Guru na bakwai da na takwas sun wuce ba tare da babban yaƙi ba, ko da yake Sarki Aurangzeb, ɗan Shah Jahan, ya zargi Guru na bakwai, Har Rai, da taimakon Dara Shikoh, ɗan'uwan sarkin, a rikicin gadon sarauta na 1658. Kisa na biyu shi ne na Guru na tara, Tegh Bahadur, a Delhi a watan Nuwamba 1675. Ruwayar Sikh ta ce wasu malaman Hindu daga Kashmir sun zo Anandpur suna kukan ana tilasta musu barin addininsu, sai ya ce su gaya wa hukuma in ta iya juyar da shi su ma za su bi. An kama shi, an nemi ya musulunta ko ya nuna karama, ya ƙi duka biyun. An kashe almajiransa uku a gabansa: Mati Das aka tsaga shi da zarto, Dayala aka jefa shi a tukunyar tafasasshen ruwa, Sati Das aka naɗe shi da auduga aka cinna wuta. Sannan aka fille kan Guru a kasuwar Chandni Chowk. Wani mabiyi mai suna Jaita, daga cikin masu shara waɗanda tsarin al'umma ya ajiye a can ƙasa, ya sace kan ya kai wa iyalinsa a Anandpur, wani ɗan fatake mai suna Lakhi Shah kuma ya ɗauke gangar jikin a amalankensa ya cinna wa gidansa wuta domin ya ƙone ta ba tare da an gane ba. A inda aka fille kan da inda aka ƙone gangar jikin ne aka gina ɗakunan ibada na Sis Ganj da Rakab Ganj. Littattafan Farisanci da aka rubuta daga baya sun bayyana shi a matsayin mai yawo da jama'a yana karɓar kuɗi, wato barazana ga doka. Amma rubutun da ake dangantawa da ɗansa Gobind ya ce ya ba da kansa ne domin kare alamar goshi da zaren ibada na Hindu, abubuwan da shi kansa ba ya amfani da su, kuma haka Sikh suke tunawa da shi.

Gobind yana da shekara 9 lokacin da aka kawo masa kan mahaifinsa. Abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne yaƙinsa na farko, na Bhangani a 1688, da sarakunan Hindu na kan tsaunuka ya yi shi, kuma Pir Budhu Shah na Sadhaura, wani shehin Musulmi, ya zo masa gudunmawa da 'ya'yansa da almajiransa, wasu daga cikinsu suka kwanta dama a wurin. A ranar bikin Vaisakhi na 1699 ya tara jama'a a Anandpur, ya fito da takobi tsirara ya ce yana son wanda zai ba da kansa. Aka yi tsit, sai wani mai suna Daya Ram ya miƙe. Guru ya shiga da shi tanti, ya fito da takobi yana ɗigar jini, ya sake neman wani, har sau biyar, sannan ya fito da su biyar ɗin da ransu cikin sababbin tufafi. A cikinsu akwai manomi da mai ɗiban ruwa da wanzami. Ya zuba ruwa a kwanon ƙarfe, aka jefa sukari, ya gauraya da takobi mai kaifi biyu yana karanta addu'o'i, ya shayar da su daga kwano ɗaya, abin da tsarin Hindu na fifita mutane bisa asalin haihuwa bai yarda da shi ba, sannan ya durƙusa ya nemi su ma su shayar da shi. Wannan ita ce Khalsa. Maza suka ɗauki sunan Singh, aka ɗora musu alamomin da yanzu ake ƙirgawa biyar: gashin da ba a aske shi, matajin kai, munduwar ƙarfe, gajeren wando, da wuƙar kirpan. Ya kuma soke aikin masand, waɗanda a lokacin sun lalace da cin amana. Su Sikh suna cewa hikimar alamomin ita ce a ranar da aka kashe Tegh Bahadur mabiyansa sun saje cikin taro, shi ya sa ɗansa ya ba su kamar da ba ta ɓoyuwa.

Sarakunan tsaunuka da sojojin Mughal suka haɗu suka yi wa Anandpur ƙawanya har yunwa ta ci ƙarfin mutanen ciki. A ƙarshen 1704, wasu masana sun ce 1705, aka yi wa Guru rantsuwa cewa in ya fita ba za a taɓa shi ba, da ya fita kuma aka far masa a bakin kogin Sarsa. Manyan 'ya'yansa biyu, Ajit Singh da Jujhar Singh, sun mutu a yaƙin Chamkaur. Ƙananan biyu, Zorawar Singh da Fateh Singh, waɗanda ba su kai shekara 10 ba, an miƙa su ga Wazir Khan, gwamnan Sirhind, wanda ya sa aka kashe su. Ruwayar Sikh ta ce an fara gina bango a kansu da ransu. A wannan zama ne Sher Muhammad Khan, Nawab, wato sarkin Malerkotla, ya tashi ya ce kashe yara ya saɓa wa Musulunci. Sikh ba su manta masa ba, kuma a 1947, lokacin da Punjab ta nutse cikin jini wajen raba Indiya da Pakistan, Malerkotla ta tsira, har yau kuma Musulmi ne suka fi yawa a garin. Shi kansa Guru wasu 'yan'uwa biyu Musulmi, Nabi Khan da Ghani Khan, su ne suka fitar da shi daga Machhiwara cikin shigar wani shehi.

Daga nan ya rubuta wa Aurangzeb wasiƙa cikin waƙar Farisanci, Zafarnama, yana tuhumarsa da karya rantsuwar da aka yi da Alƙur'ani. Ka lura da cewa da ma'aunin addinin sarkin ya auna shi. A cikinta ne baitin da Sikh suke kafa hujja da shi yake, cewa idan duk dabaru sun ƙare ya halatta a kai hannu ga takobi, wato sai tura ta kai bango. Bayan mutuwar Aurangzeb a 1707 Guru ya mara wa ɗansa Bahadur Shah baya a rikicin gado, ya bi shi kudu yana neman a hukunta Wazir Khan, sai wani ɗan Pathan ya soke shi a Nanded, ya mutu a Oktoba 1708, bayan ya ce daga shi babu wani Guru sai littafi.

Wanda ya ɗauki fansa shi ne Banda Singh Bahadur, wani mai zuhudu da Guru ya haɗu da shi a Nanded ya tura Punjab. A nan dole in faɗi abin da ba ya cikin waƙoƙin yabo: lokacin da Banda ya ci Samana a 1709 da Sirhind a 1710, bayan kashe Wazir Khan a Chappar Chiri, an yi wa mazauna garuruwan kisa mai yawa, kuma galibinsu Musulmi ne da ba su da hannu a kisan yaran. Ya buga kuɗi da sunan Nanak da Gobind Singh, manoma marasa gona suka bi shi domin ya karya manyan masu ƙasa. A Disamba 1710 Bahadur Shah ya ba da umarni a kashe mabiya Nanak duk inda aka same su. An kama Banda a Gurdas Nangal a ƙarshen 1715 bayan ƙawanyar wata takwas, aka kai shi Delhi cikin keji da mutanensa sama da 700. A watan Maris 1716 aka riƙa fille kan kusan 100 a kullum. Wakilan kamfanin Ingila na East India, John Surman da Edward Stephenson, suna birnin a lokacin, kuma sun rubuta cewa ba a sami ko ɗaya da ya bar addininsa don ya tsira ba. Shi Banda an kashe ɗansa ƙarami a gabansa kafin a yi gunduwa-gunduwa da shi a watan Yuni.

Shekaru 50 da suka biyo baya su ne suka cika jerin shahidan. Gwamnonin Lahore, musamman Zakariya Khan, sun sa lada a kan duk wanda ya kawo kan Sikh, mayaƙan Khalsa suka koma dazuzzuka a kan dawakai. An daddatse Bhai Mani Singh gaɓa-gaɓa saboda ya kasa biyan kuɗin da aka yanka masa na izinin taron Diwali a Amritsar, aka kuma feɗe fatar kan Bhai Taru Singh a 1745 saboda ya ƙi a aske gashinsa. Kisan gillar 1746 a Kahnuwan wani babban jami'i Hindu ne ya jagorance shi, Lakhpat Rai, wanda ke neman fansar ɗan'uwansa. Mafi muni shi ne na Fabrairu 1762, lokacin da Ahmad Shah Durrani na Afganistan ya rutsa da su da matansu da 'ya'yansu kusa da Kup. Ƙiyasin waɗanda suka mutu ya kama daga 10,000 zuwa 30,000, kuma a shekarar ya tarwatsa Harmandir da albarushi. A addu'ar Ardas da ake yi a kowane ɗakin ibadarsu, ana tsayawa a ambaci waɗanda aka daddatse da waɗanda aka feɗe da waɗanda aka tsaga da zarto, jama'a su amsa da Waheguru, sunan da suke kiran Ubangiji da shi. Yaro yana jin wannan tun kafin ya iya karatu. Sai dai mai bincike ya sani cewa da yawa daga cikin bayanan dalla-dalla an rubuta su ne a ƙarni na 19, kuma ƙungiyar Singh Sabha da aka kafa a 1873 ta ƙara fito da su domin ta bambanta Sikh da Hindu. Kashe-kashen sun tabbata, amma kalaman da aka sa a bakin waɗanda aka kashe ba duka ne suke da shaida daga zamaninsu ba.

Bayan kisan gillar 1762 da shekara biyu Sikh suka ci Sirhind, a 1765 suka shiga Lahore, a 1799 kuma Ranjit Singh ya karɓe ta ya kafa daula. Ministansa na harkokin waje Musulmi ne, Fakir Azizuddin, kuma akwai Musulmi a cikin manyan kwamandojin igwansa. A ƙarƙashin mulkin nan ne kuma aka mayar da harabar masallacin Badshahi na Lahore wurin ɗaure dawakai da ajiye kayan yaƙi, aka kuma rufe babban masallacin Srinagar na tsawon shekaru bayan an ci Kashmir a 1819.